Auta da Alamar Rabin Inci

Ranar da kamfanin bas ya ba Yaya aikin ɗinka wa direbobinsa ashirin da huɗu kayan aiki, ranar ce Auta ya shigo shagon da wata tsohuwar laftof a hammata, ya ture kwandon ƙyallaye da ƙafa, ya sanar da kowa cewa zamanin littafin awo ya wuce.

Auta ƙanen Yaya ne. Shekararsa arba'in da bakwai, furfura ta fara leƙowa a gemunsa, amma tunda shi ne na ƙarshe a ɗakinsu, sunan ya ƙi sakinsa. Ya taɓa yin wata goma sha ɗaya a wani ofis, aikinsa kai takardu daga wannan tebur zuwa wancan, sai dai in ka ji shi yana ba da labari ka rantse shi ya riƙe ofishin da hannu ɗaya. Tun da aka sallame shi yake zaman shagon Yaya, yana ba teloli shawarar da ba wanda ya tambaya.

Ita kuwa Yaya shekara ashirin da biyu tana ɗinki, kuma abin da take tinƙaho da shi ɗaya ne tak: ba a taɓa dawo mata da kaya ba. Wannan aiki shi ne mafi girma da ya taɓa shigo mata. Kamfanin ya kawo koren yadinsa da aka yi masa musamman, babu irinsa a kasuwa, an kuma auna shi cif-cif, in almakashi ya kauce babu inda za a samo ƙari. Ranar Asabar za a ƙaddamar da sababbin motoci, direbobi su fito sanye da kayan. Manajan kamfanin ya ƙara da sharaɗi guda, wai yana son awon kowane direba a buge da na'ura, ba rubutun hannu ba.

"Faɗuwa ta zo daidai da zama," in ji Auta, yana goge fuskar laftof da hannun riga. "Yaya, ke ki auna, ni in buga. Kafin ki naɗe tef na gama."

"Auta, awona da rabi da kwata yake tafiya. Na'urar taka ta san rabin inci?"

"Rabi kawai? Akwai alamomi sun fi dubu a ɓoye cikin allon nan, ido ba ya ganinsu. Masu sani kaɗai ke fito da su. Ka danne wannan maɓalli, Alt ake ce masa, ka buga lambar sirri, shi ke nan."

Baba Mai Yanka, dattijon da ke yanka wa shagon yadi tun ranar da aka buɗe shi, ya sauko da tabarau zuwa ƙarshen hanci.

"To a fito mana da rabin mu gani."

Kafin Auta ya gama lanƙwasa yatsu, maƙwabta sun iso. Mai Guga ya leƙo daga shagon hagu da tawul a kafaɗa, matar da ke fotokwafi a shagon dama ta tsaya bakin ƙofa ta harɗe hannu. Auta ya danne Alt, ya buga ɗaya a jerin lambobin da ke gefen dama. Sai ga wata 'yar fuska ta fito tana murmushi.

"Wane ne wannan kuma?" in ji Mai Guga.

"Gaisuwa ce. Na'ura mai tarbiyya sai ta gaishe ka kafin a fara aiki."

Ya sake dannewa, ya buga uku. Zuciya ta fito.

"Ikon Allah," in ji Mai Guga. "Ta gaishe ka, yanzu kuma ta ce tana sonka. Shekara nawa muna nema maka mata, ashe tana nan a hammatarka."

Gumi ya fara tsattsafo wa Auta. Ya buga goma sha uku, alamar waƙa ta fito. Baba Mai Yanka ya ce ai dama in soyayya ta kankama sai waƙa. Mai Fotokwafi ta kasa daurewa, ta sunkuyo ta kafaɗarsa.

"Sifili, ɗaya, takwas, tara."

Ya buga, yana yi kamar dama can hanyarsa ke nan. Sai ga ½ ta fito tsaf. Ta gaya masa ta kwata, sifili ɗaya takwas takwas, da ta kwata uku, sifili ɗaya tara sifili.

"Kin ci," in ji Auta. "Gwada ki na yi, in ga ko makarantar da kika yi ba a cuce ki ba."

"Na gode. Amma ka lura da..."

"Maƙwabciya, koma ga injinki, kar takardun mutane su ƙone."

Ta ɗaga kafaɗa ta koma.

Washegari da safe suka nufi garejin kamfanin. Yaya ta ce ya ɗauko littafin awo, a riƙa rubutawa biyu saboda tsaro. Ya ce to, ya cusa littafin a ƙarƙashin bandir ɗin yadi, ya fito. Sai da suka isa ta tambaya, ya ce ya manta, kuma ai mantuwar alheri ce.

An ba su tebur a ƙarƙashin rumfar kwano, babu wurin jona caji, batir kuma rabi. Auta ya buɗe jadawalin da ya tsara, kowane direba da layinsa, kowane awo da akwatinsa. Sai idonsa ya faɗa kan wata 'yar koriyar fitila a saman lambobin gefen dama, tana ta haske ba gaira ba dalili.

"Ke ce mai shanye mana batir," ya ce da ita ƙasa-ƙasa. Ya yi ta danna maɓallan da ke kusa da ita har ta mutu. Ya rage hasken fuskar na'urar, ya kuma kwantar da murfin rabi, don kar wani direba ya leƙo ya sace lambobin sirri.

To, masu iya magana sun ce ƙaramin sani ƙuƙumi ne. Wannan 'yar fitila ita ce ke sa maɓallan gefen dama su zama lambobi. In ta mutu sai su koma kibiyoyi, takwas ta hau da kai layin sama, wata ta jefa ka gefe. Auta yana buga lambobin awo da jerin sama, lafiya lau. Amma duk lokacin da Yaya ta ce "da rabi" ya kai hannu gefen dama, maimakon alama ta fito, sai wurin rubutun ya yi tsalle ya faɗa layin wani bawan Allah, awon da ya biyo baya ya hau kan nasa.

Da ya kalli fuskar na'urar sau ɗaya da ya gani. Amma ina, ga direbobi sun kewaye shi.

"Malam, ba ka ko dubawa?" in ji wani siririn direba da ake kira Dogo.

"Kai in kana tuƙi, giya kake kallo ko hanya?"

Direbobi suka ce wallahi gaskiya ne. Auta ya ƙara ɗaga kai sama, yatsu na rawa a kan maɓallai.

Aka zo kan Babban Direba, mutum ne da in ya tsaya a ƙofa sai ɗakin ya yi duhu. Yaya ta miƙa masa bakin tef ya riƙe, ta zagaya ta bayansa ta dawo.

"Ƙirji hamsin da rabi. Ƙugu arba'in da takwas da kwata."

"Ya shiga," in ji Auta.

Ya shiga ɗin, amma a layin Guntu, wani ɗan tsurut da sai an sa masa matashi biyu yake hango titi.

Da suka dawo shago aka yi wa Yaya waya cewa 'yarta ta haihu. Ta saki tef, ta ɗauki mayafi, ta ce wa Baba Mai Yanka ya karɓi takarda wurin Auta ya fara yanka, sai jibi za ta dawo.

Auta ya koma lungu ya buɗe murfin sosai, don ya more wa idonsa aikin gwani. Babu alamar rabi ko ɗaya, kuma jadawalin duk giɓi, kamar bakin yaro mai famfara. Wani direba ba shi da kafaɗa, wani ba shi da cinya, wasu uku ba su da wuya. Wani mai hankali da ya tashi ya ce a sake awo. Auta kuwa ya rufe ido, ya riƙa tuno fuskar kowane direba yana ƙiyasta masa abin da ya rasa. Wanda ya tuna yana da murya mai kauri ya ba shi wuya sha takwas. Da ya cike ramukan, bai kai wa Mai Fotokwafi ba, ya tsallaka titi biyu aka buga masa a inda ba a san shi ba.

Baba Mai Yanka ya karɓi takardar, ya nisanta ta da ido, ya kusanto da ita.

"Auta, mutum ashirin da huɗu, a ce ba mai rabin inci ko ɗaya?"

"Kwamfuta ta daidaita su. Aikinta ke nan."

"Babban Direba, ƙugu talatin. Mutumin nan shi ya kawo mana yadi, a karkace ya shigo ƙofar nan."

"Ya rame."

"A kwana ɗaya?"

"Baba, ka san tuƙi da cin jiki."

"Wannan kuma, Guntu, tsawon wando arba'in da huɗu, ƙugu arba'in da takwas. Wannan mutum ne ko tankin ruwa? Bari dai in kira Uwar ɗakina."

Nan Auta ya jefa ƙaramin dutsen da ya san zai samu wuri.

"Kira ta mana. Tana can rungume da jikanta na fari, ka ce mata ba ka yarda da awonta ba. Ita ta auna da hannunta, ni bugawa kawai na yi."

Baba ya mayar da waya aljihu. Shekara ashirin da biyu bai taɓa ja da tef ɗin Yaya ba, kuma ba ranar farin cikinta zai fara ba. Ya ɗauki alli, ya yi bismilla, almakashi ya shiga yadi.

Teloli biyun shagon suka hau keke, suna ɗinki suna haɗa ido. Ɗaya ya ɗaga wata riga ya ce shi dai bai taɓa ganin mai dogon hannu haka ba sai a mafarki. Mai Guga da aka kai masa kayan ya dawo da wando ɗaya a hannu, ya tambaya ko kamfanin na da direba mai tuƙi a tsaye. Auta ya ce duk jahilci ne ke damunsu, kayan aiki na zamani haka ake yinsu.

Abin da ya ƙara kumbura shi, da aka gama yanka sai yadi ya yi saura.

"Kun gani? Kamfani ya ce ba zai yi saura ba, kwamfuta ta ce ƙarya ne."

Ya lallaɓa ƙaramin telan ya ɗinka masa riga da sauran, mai aljihu biyu, a kan awon da aka yi masa da tef na gaske.

Yaya ta dawo ranar Juma'a da yamma a gajiye, ta tarar an goge kaya, an ninke, an sa kowanne a leda da sunan mai shi. Ta zaro ɗaya ta duba ɗinkin, aka yi rashin sa'a ta faɗa kan wanda ya yi kama da na mutane. Ta ce madalla, har ta dafa kafaɗar Auta.

Asabar da hantsi garejin ya cika. Sababbin motoci a jere suna ƙyalli, iyalan direbobi a kan kujeru, mai hoto ya kafa kyamara, Manaja na zagayawa da takardar awo a hannu. Yaya da Baba Mai Yanka suna tsaye gefe. Auta ya iso daga baya cikin koriyar rigarsa, biro uku a aljihu, laftof a hammata, yana ɗaga wa mutane hannu. Yaya ta buɗe baki za ta tambaye shi inda ya samo yadin, sai aka ce direbobi su fito.

Shiru, ba wanda ya fito. Aka sake kira.

Dogo ne ya fara leƙowa. Wandonsa ya tsaya a gwiwa, rigarsa kuwa mutum uku za su zauna a ciki su yi hira. Bayansa Guntu, ya tattare wando da hannu biyu har ƙirji, ƙafafun wandon na jan ƙasa a bayansa. Wani ya fito wuyan riga ya shaƙe shi, idanu waje. Wani hannun rigarsa ya wuce yatsunsa da taƙi guda, ya ɗaga zai gaida Manaja, hannun rigar ya mari na kusa da shi. Daga ƙarshe Babban Direba ya fito da ƙafa ɗaya a cikin wando, ya maƙale a cinya, ɗaya ƙafar wandon na reto, ya rufe sauran da tawul.

Matar Guntu ce ta fara. Ta toshe baki da mayafi, dariyar ta ƙi, ta fashe. Sai gareji ya ɗauka gaba ɗaya, har makanikai suka fito daga ƙarƙashin mota. Mai hoto ya ce shi bai san ko ya ɗauka ko ya bari ba.

Yaya ba ta yi dariya ba. Ta tsaya kamar an dasa ta, kunya ta rufe ta har wuya.

Manaja ya juyo. "Wa ya buga takardar nan?"

Auta ya so ya ɓuya a bayan Baba, amma koriyar riga ta tona shi.

"Ranka ya daɗe, ƙwayar cuta ce ta shiga na'urar. Yanzu haka duniya ake fama da ita. Ni aikina ba kuskure, bari ka gani da idonka."

Ya ɗora laftof a kan bonet ɗin wata mota, jama'a suka matso. Ya buɗe jadawali a layin Dogo, ya danne Alt, ya buga sifili ɗaya takwas tara da ƙarfi kamar mai kashe kunama. Kowa na kallo wurin rubutun ya yi tsalle ya bar Dogo, ya faɗa kan wani.

"Kun gani? Cutar ke nan."

Akawun kamfanin, wata mata mai tabarau, ta miƙo yatsa ɗaya ta danna maɓallin da ke saman lambobin. 'Yar koriyar fitila ta kama.

"Sake bugawa."

Ya sake. Alamar ½ ta fito, ta zauna inda ya kamata.

"Fitilar nan in ta mutu, lambobin nan kibiyoyi ne," in ji ta. "Wa ya kashe ta?"

"Batir take sha," in ji Auta, muryarsa ta koma ta ɗan shekara bakwai.

Dogo ya gyara zaman tantin da ke jikinsa. "Malam, ko direba ma yakan ɗan saci kallon giya."

Manaja bai yi dariya ba. Ya dubi agogo, ya dubi Yaya.

"Baƙi za su iso ƙarfe ɗaya. In mutanena ba su shirya ba, ki kwashe kayanki ki koma da su."

Kalmar nan ta soki Yaya. Ta matso gabansa, ta ce, "Ranka ya daɗe, shagona ne, laifina ne. Ba ni awa biyun da suka rage."

Ta ɗaure mayafi a ƙugu, ta zaro tef daga jaka. Ta sa direbobi suka jeru daga dogo zuwa gajere, ta riƙa nuna su da yatsa: kai ba wancan rigarka, kai karɓi wandon wannan. Gareji ya koma kasuwar musaya, maza ashirin da huɗu cikin singileti suna miƙa wa juna kaya ta saman kai. Aka tura mota ta ɗauko kekuna biyu da telolinsu, Mai Guga da Mai Fotokwafi suka biyo motar don kar a ba su labari. Wanda ya yi yawa aka rage, wanda ya yi tsawo aka naɗe. Auta ya yi ta zagayawa yana cewa a bi tsari, har sai da Yaya ta kalle shi sau ɗaya, ya nemi taya ya zauna.

Ƙarfe goma sha biyu da rabi mutum ashirin da uku sun shirya. Saura Babban Direba, yana zaune a kan benci da tawul ɗinsa. Awonsa ya warwatse a layuka daban-daban, ba kaya ɗaya da ya same shi duka. An ba shi mafi girman riga da wando, an saki duk abin da za a iya saki, amma maɓallan rigar sun ƙi haɗuwa da ramukansu, wandon kuma ya tsaya yana kallon cikin daga nesa.

"Sai an yi ƙari ta gefe da baya," in ji Baba Mai Yanka. "Abin da muka rage daga na sauran duk ƙyallaye ne."

"Ba sauran yadi ko kaɗan?" in ji Yaya.

Baba ya sauko da tabarau, ya juya a hankali ya dubi inda taya take. Yaya ta bi idonsa. Direbobi suka bi nata.

Auta ya rungume aljihunsa. "Yaya, a gaban mutane?"

"Tuɓe."

"Ki bari in shiga bayan mota."

"Babban Direba awa biyu yana zaune da tawul a gaban mutanen nan. Tuɓe."

Ya ciro biro ukun ɗaya bayan ɗaya, ya rasa inda zai sa su, Mai Fotokwafi ta karɓa. Ya ɓalle maɓallai. Singiletin da ke ciki ta ga duniya, ramuka uku a gaba, ɗaya babba a cibiya. Ya jawo laftof ya manna a ƙirji da hannu biyu.

"Ka ga amfaninta yau," in ji Mai Guga.

Yaya ta shimfiɗa rigar a kan bonet, ta farke ta da reza, ta ja tef a kan bayan da hannuwan. Ta dubi Babban Direba, ta dubi yadin, ta saki ajiyar zuciyar da ta riƙe tun hantsi, ta miƙa wa Baba almakashi.

"Zai isa. Yadi ɗaya da rabi."

Yatsun Auta suka motsa a bayan laftof, ya fara ɗaga murfin.

"Auta," in ji Yaya, ba ta ko juyo ba. "Kar ka rubuta."